Zagayen Madam Zulfa a Tasawa

Tun daga bakin kasuwa Madam Zulfa ta fara toshe hanci da gefen gyale. 'Yar garin ce, a nan Tasawa aka yanke mata cibi, amma zaman Yamai ya sa tana duban kowane lungu kamar zai ɓata mata takalmi. Ƙungiyar da take wa aiki ce ta turo ta duba Gidan Kayan Kaka, ɗan muze, wato gidan adana kayan tarihi, da wani mai suna Alkasim ya buɗe a wani tsohon soro. In ta yaba, a ci gaba da tallafa masa. In ta taɓe baki, tallafi ya tsaya, mai soron ya karɓe abinsa ya zuba buhunan hatsi.

Alkasim tsohon malamin lakwal ne, wato makarantar boko, bakinsa kuwa kamar rediyo. Ya ce ƙa'idarsa sai baƙo ya taka tsohon gari da ƙafa kafin ya shiga muze. Ya tsayar da ita gindin wani rusasshen bango ya yi ta zuba. Ya kai ta marinar da ta daɗe da bushewa ya sake zuba, sannan ya ratsa da ita lungun da suka riga suka bi. Jim kaɗan sai ya zaro waya ya leƙa. Wani ɗan kabu-kabu ya wuce su a guje da kaya lulluɓe da tabarma, Madam ta raka shi da tsaki.

Da ta gaji da kallon bango, ta ce cikin gidaje take son gani. Alkasim ya yi 'yan kame-kame, ya ce rana ta yi, ya ce matan ba su kintsa ba. Ko saurarensa ba ta yi ba, ta sa kai gidan Biba, wata dattijuwa da ta sani tun tana yarinya. Shi kuwa da yake namiji ne, ya tsaya a zaure yana sharce gumi.

Abin da ta tarar ya ƙara mata raini. Rana ta take, amma ga Biba zaune ta tasa jiƙaƙƙen hatsi a roba, ta naɗe hannu, ba daka ba dalili. Bangon ɗaki ƙusoshi ne tsirara, kowace da da'irar tabo a kewayenta. Ruwan da aka kawo mata ma daga jarka aka tsiyayo, da ɗumi.

"Ina ƙoren da na sani gidan ga?" in ji Madam. "Ina tulu?"

"Ai kin gani, ɗiyata," in ji Biba, ta kawar da kai.

Gida na gaba haka, na gabansa ma haka. Madam ta fito tana huci. Ta ce ba ta taɓa ganin mutanen da ba su san darajar kansu ba irin waɗannan: sun sayar da gadon kakanni sun sayi roba, sannan ga lalaci, mace ta zauna har azahar ba ta ɗaga taɓarya ba. Alkasim ya bi ta da "haka ne, haka ne," har da ƙara nasa gishirin. Yana tsakiyar wani labarin sai wayarsa ta yi ƙara. Ya yanke zancen a nan, ya ce lokacin muze ya yi.

Suna shiga soron Madam ta shiga kalle-kalle. Ƙore masu sassaƙa jere a kan tabarmi, faya-fayai masu launi reras a bango, saƙi mai nauyi, matasan kai na fata, tuluna, da wani turmi baƙi ƙirin da hannu ya goge shi har yana sheƙi. Ba ƙura ko ɗis. Ta leƙa turmin ta ga tsabar gero a gindinsa, ta dafa wani tulu ta ji sanyi, ta shinshina wata ƙwarya ta ji warin nono.

"Da gangan muke yi, Madam," in ji Alkasim da sauri, "don baƙo ya ji kayan da ransu."

Ta jinjina masa. Ta ce shi kaɗai ne mai ido a garin makafi, kuma tallafi ya samu ya gama. Alkasim ya ji kamar ya taka rawa.

Wajen fita ne idonta ya sauka kan ƙofar, ta ga da igiya ake ɗaure ta. Ranta ya ɓaci. Dukiya irin wannan, a tsakiyar mutanen da suka sayar da nasu? Ai kwana kaɗan za su kwashe su kai kasuwa. Nan take ta aiki direbanta ya sayo ƙaton kwaɗo. Da hannunta ta datse ƙofar, ta jefa makullin cikin jaka, ta ce ba mai shiga, har shi Alkasim, sai ta dawo da akwatunan gilashi bayan damina.

Karon farko a ranar, rediyo ya ɗauke. Alkasim ya buɗe baki, ya tuna buhunan hatsin mai soro, ya rufe. Haka ya tsaya yana ɗaga wa motar hannu yana yaƙe har ta sha kwana.

Da ya juyo sai ya ga matan unguwa sun fito daga bayan soron, Biba a gaba, kowace da gammo a hannu.

"Malam, baƙuwar ta tahi?" in ji Biba. "To buɗe muna mu ɗauki kayanmu. Aron sahe guda ka ce, ga hatsina can jiƙe yana jiran turmi."