Wasan da Yake Bar Mata

Ta ajiye kwamfutar hannun a kan teburin ɗinkinta, saurayinta kuma yana tsaye a bakin ƙofar shagon. Aro ya ba ta don ta zaɓi samfurin rigar aurensu, sai ga saƙo ya faɗo daga wasan darar da ke ciki: Farar Tantabara tana gayyatarka.

"Wace ce?" ta tambaya, ba ta ko ɗago kai ba.

"Wata malama ce a makarantarmu. Wasa ne kawai, Gimbiya."

Ta buɗe tarihin wasanninsa, ta juyo masa allon. Shi da Tantabara fafatawa suke yi ta gaske, yau ya ci, gobe ta rama. Can ƙasa kuma ga nata sunan, kullum ita ke cinye shi ba tare da ta sha wahala ba.

"Ashe bar mini kake yi."

Ya sosa ƙeya. "Ba na son ranki ya ɓaci ne."

"Wato ni a lallaɓa ni kamar ƙaramar yarinya, ita kuwa ka zauna ka tattara mata hankalinka kaf. Da hira na kama ku, wallahi da ya fi mini sauƙi."

Ya matso kusa da teburin.

Ta ture yadin gefe, ta danna sabon wasa, ta tura masa kujera da ƙafa.

"Zauna, Malam. Buga da ni yadda kake bugawa da ita. In ka sake bar mini, ka nemi wata mai ɗinkin, ka nemi wata amaryar."