Mutumin da Bai Iya Mutuwa Ba

Bahauddeen ya sake mayar da fim ɗin baya, ya ja tsaki. Ga Anselmo kwance wai an harbe shi, amma tumbinsa na hawa yana sauka kamar wanda ya ƙoshi da tuwo.

Anselmo ɗan wasa ne a ƙasar Sifen, zamanin finafinan da ba murya. Bai taɓa zama jarumi ba. Yau mai gadi, gobe ɗan aike, galibi kuwa gawa. Abin haushin, ko gawar bai iya ba: in ido bai ƙifta ba, yatsa zai motsa. Duk 'yan wasan duniya, a kan wannan bawan Allah Bahauddeen ya ga damar rubuta kundin digirinsa, yana ƙunshe a ɗaki a unguwar Danau Kota, can ƙasar wajen da yake karatu, korona ta kulle gari.

Sau biyu Dakta Rosnah mai duba aikin tana dawo masa da shi.

"Tak boleh lah, ba zai yiwu ba," ta ce masa ta bidiyo. "Nuna min wuri ɗaya da mutumin nan ya ƙware."

In ya faɗi na uku, bizarsa ta ƙare, mahaifinsa kuma ya riga ya ce ya tattaro ya dawo Kano, da digiri ko babu. Takaici ya ishe shi.

Sai ya tono fim ɗin Anselmo na ƙarshe, na 1918, wanda kusan ba wanda ya kalla saboda wata annobar mura ta sa an rufe gidajen kallo. Ga shi a gado, tsit. Ciki bai motsa ba. Ƙuda ya sauka a leɓensa, ya gama yawonsa ya tashi. Matarsa ta fim tana kuka daga bakin ƙofa, hankici a fuska.

Bahauddeen har da ƙwalla don murna. Ya ɗora kundin kacokan a kan wurin nan: yadda mutum ya yi ta shan kunya har ya zama gwani. Ko nisan da matar ta tsaya sai da ya yaba, ya ce dabarar darakta ce ta nuna kaɗaici.

Safiyar da zai kare aikin ya fita sayo roti, gurasar mutanen garin, ya tarar an tare hanyar bene. Wani tsoho maƙwabcinsu ne ya rasu, ma'aikata cikin fararen kaya suna fitar da shi. Matarsa na can nesa tana kuka, hannunta danne da takunkumi a hanci.

Ya koma ɗaki ba roti. Dakta Rosnah na jira a kwamfuta, amma fim ɗin ya buɗe, ya ƙura wa matar ido. Ba hawaye take sharewa da hankicin ba, hanci da baki ta toshe.

Anselmo bai taɓa ƙwarewa ba. Ranar nan ce kawai ba wasa yake yi ba.