Kilishin Walida da Ɗan Fashin Ingila

Kilishin da aka aiko wa Walida daga Kano ya yi ƙafa, kuma kafin la'asar matan unguwarsu ta Sri Petaling, can ƙasar waje, sun gama shari'a: Hafiz ne. Shi ke haya a ƙaramin ɗakin gidanta, kuma kowa ya san cikinsa ba ya hutun Juma'a. Mijinta Maitama ba ya cikin lissafi, don tun bara likita ya raba shi da jan nama, kullum sai dafaffen kabeji yana ci yana tsaki.

Hafiz ya rantse har muryarsa ta dishe. Walida ta ce ya tattara komatsansa, ya je ya rantse wa wani mai gidan.

Maitama ne ya ce a yi wa Hafiz kallon fim na bankwana. Digirinsa na uku a kan tsofaffin finafinan Ingila yake, irin waɗanda ba a magana a ciki, mutane na sauri kamar kaji an watsa musu tsaba.

"Yau ma kuramen naka ne?" in ji Walida.

"Zauna mana, ni zan fassara."

Wani ɗan fashi ne a kan doki, tuni ya tuba, amma aka ce shi ya tare keken dokin wata attajira ya fizge mata sarƙa. Ya durƙusa, ya ɗaga hannu, ya buɗe baki, ba mai jin sa. Ana jan sa wurin rataya, ɓarawon gaskiya na tsaye cikin 'yan kallo yana taya su jimami.

Nan muryar Maitama ta karye. Ya zaro hankici ya shafe fuska, sai hawaye shar, ido jajir, har da atishawa. Tun aurensu Walida ba ta taɓa ganin kukansa ba, ko ranar da malaminsa ya yi watsi da babi guda na kundin digirinsa. Kunya ta kama ta.

"Hafiz, mayar da jakarka," ta ce, tana shassheƙa. "Na bar ɓarawon da Allah."

Ta fizge hankicin mijinta ta goge ido. Sai ta ƙwalla ƙara, don yajin kilishinta ne dumu-dumu a jiki.