Bokitin Janar

Badaru ya cire gindin sabon bokitin roba, ya huda ramuka a gefe, ya zura igiya. Bai daɗe da gama karatun likitan dabbobi ba aka turo shi garin Lafiya, kuma tun zuwansa yake jiran dabbar da za ta dace da iliminsa. Sai ga Janar, karen farautar Iorhemba na unguwar Bukan Sidi, wanda tarko ya tsage wa ƙafa.

Ya ɗinke ciwon, ya ce in kare ya ci gaba da lasa, ƙafar za ta ruɓe, sai yankewa. Magani shi ne bokiti a wuya.

Janar bai yarda da kimiyya ba. Ya yi kuka, ya yi birgima, ya buga bokitin a bango har kaji suka watse. Badaru ya tsara darasi: a bar shi ya shinshina, a yabe shi, a sa masa kaɗan-kaɗan. Iorhemba ya ce to. Matarsa Nguavese, mai sayar da manja, ta juya bokitin a hannu tana dubawa.

"Likita, wannan abu yana da kyau fa."

Badaru ya ji daɗi. Ashe a gidan akwai mai fahimta.

Kafin mako ya zagayo, darasi ya kama. Duk lokacin da babur ɗinsa ya tsaya a ƙofar gida, sai ya tarar da Janar zaune da bokiti a wuya kamar alƙali, yana kaɗa wutsiya, yana lasar cikin robar. Wata rana da aka cire don duba wuya, kare da kansa ya mayar da kai ciki. Robar ta fara yin ja, amma a Lafiya me jar ƙasa ta bari? Badaru ya fara tunanin sunan da za a raɗa wa dabarar. Nasa ya fi dacewa.

Matsala ɗaya ce: ciwon ya ƙi bin tsari. Ɗinki na warwarewa, ƙafa na kumbura, har ta fara wari. Ya canza allura, ya canza hoda, ya zargi ƙudaje, ya zargi kamfanin zare.

Ranar da ya yanke shawarar gaya wa Iorhemba cewa ƙafar sai yankewa, tayar babur ta yi faci a hanya. Ya ƙarasa da ƙafa, yana shirya kalmomin jaje.

A tsakar gida ya ga Janar kwance, wuya fayau, yana lasar ciwonsa hankali kwance. Nguavese ta ɗago daga bakin duro, inda bokitin ke zaune da ƙyallen tacewa a ciki, manja na tsiyaya.

"Kai, Likita, ina mashin naka? Ba mu ji ka ba, ai da mun sa masa!"