Sa Hannun Uwar Eleuterio

A ƙofar kotu Doña Casilda ta gyara wa Eleuterio wuyan riga, ta ce ya cire hula, kuma kada ya buɗe baki sai an tambaye shi. Ita ba ta yi boko ba, amma ta san ladabi.

Maganar ba ta da tsawo. Ran Litinin za a yi jarrabawar gama firamare. Shekara shida Eleuterio bai taɓa fashin makaranta ba, ko ranar da ƙanƙara ta kashe dankalin gari. In ya rasa ta bana, ba wanda ke da tabbacin baɗi. Sai ga ma'aikatar ilimi ta ce ba ɗalibin da zai zauna sai uwa ko uba ya sa hannu a takarda. Uban ya daɗe da rasuwa. Casilda ta dangwala yatsa, hedimasta ya mayar mata da takardar. Ta je ofishin ilimi, suka ce ta tafi kotu.

"Ranka ya daɗe," in ji ta a gaban alƙali, "ni ke dafa masa, ni ke masa wanki, ni ke tsare shi ya yi aikin gida. Me ya rage?"

Alƙali Villafuerte ya daɗe yana kallon ɗalibin ta saman tabarau.

"Baiwar Allah, tsarin makaranta na ma'aikatar ilimi ne. Kotu ba ta tsoma baki sai an karya doka. Ƙa'idar nan wauta ce, na yarda, amma wauta ba laifi ba ce."

"To kai me kake yi a kujerar nan? Ɗumama ta?"

Alƙali ya yi kamar bai ji ba. Ya tambaya ina uwar take.

"Tana can kan tudu, bayan coci. Ba ta saukowa, ba ta kula kowa. Ni kuwa dama ba ta taɓa ƙaunata ba."

Alƙali ya yi ta juya takardun ma'aikatar har shafi na tara, ya karanta kamar da kansa yake: idan aka kai wa uwa takarda a gaban shaida, ta yi shiru kwana uku, to ta amince. Ya rufe.

"Ni ban ce komai ba. An kori ƙara."

Ran Alhamis suka hau tudun, hedimasta na biye a matsayin shaida. Sau uku Eleuterio yana tsayawa yana haki, Casilda na yi masa faɗa. Da suka isa ta ajiye takardar, ta danne da dutse saboda iska.

"Ga takardar ɗanki nan," ta ce. "In kina da magana ki yi, kin saba."

Ran Lahadi suka koma bayan an tashi daga coci. Takarda na nan, raɓa ta jiƙa gefenta, ba a ce uffan ba. Hedimasta ya buga hatimi a tsaye.

Ran Litinin da safe Casilda ta fere fensir biyu da wuƙar albasa, ta raka shi har ƙofar aji. Ta tsaya tana kallon mijinta, mai shekara saba'in da tara, yana cusa gwiwoyinsa ƙarƙashin benci, ta ce a ranta: shekara arba'in ke nan da binne surukarta, sai yau matar ta amince da abin da ta kawo mata.