Haƙarƙarin Inoke

Waisake ya danne ƙirjin yaron a kan yashin bakin teku da iya ƙarfinsa. Ƙas! Wani abu ya karye. Bai tsaya ba.

Matarsa ta shaƙo wuyan rigarsa. "Baban Inoke, ka haukace ne?"

Ya hankaɗe ta, ya ci gaba da dannawa har kan yaron ya ɓalle.

Malamar asibitin da ke koya wa iyaye ceton yaro idan ya nutse ta ce, "Bawan Allah, yaron roban nan ɗaya gare mu!"

Waisake ya dubi 'yarsa tilo tana wasa a bakin ruwa. "Bara da Inoke ya nutse, na lallaɓa ƙirjinsa, kar in ji masa ciwo. Da haƙarƙarinsa lafiya lau muka binne shi."