Damon da Bilya Ya Kawo

Da hantsi Bilya malamin gona ya tsayar da sabon babur ɗinsa na kuɗin ƙarin albashin Udoji a bakin rijiyar Yargoje, inda Baraka ke jan ruwa. Yau zai je wurin mahaifinta neman aurenta.

"Dubi tsarabar Baba," ya ce da murmushi, ya kwance bakin buhu. Ƙaton damo ne, ya kashe shi a hanya.

Guga ya suɓuce mata. Damo shi ne kan gidansu: tun kakanni, Maguzawan gidan ba su kashe shi, ba su cin shi, an ce duk wanda ya zubar da jininsa ba ya kai lokacin kaka da rai. Shekara biyu ke nan da musuluntarta, ta san rai a hannun Allah yake. Amma ta dubi Bilya, farar rigarsa ta zame mata likkafani.

"Ka binne shi," ta ce. "Ka ba shi haƙuri."

"Haba Baraka, ke da ke salla? Kin yarda da wannan?"

"Wallahi ban yarda ba." Ta durƙusa ta fara tona ƙasa da hannuwanta. "Amma kai kaɗai gare ni."